Kunnen Mai Goyo

Mutanen layin ba su san ta da wani suna ba sai Mai Goyo. Tun tana budurwa take renon 'ya'yan mutane. Ta yi aure tana reno, ta haifi nata tana reno, mijinta ya rasu ta share hawaye ta koma reno. Da wuya ka ga bayanta babu yaro. Cikin waɗanda ta goya a farkon aikinta akwai masu furfura a gemu yanzu, in sun hange ta a hanya sai su tsayar da mota su fito su gaishe ta, ita kuma ta tuna musu irin ihun da suke yi in an zo wanka.

Gida na ƙarshe da ta yi wa aiki na wani ma'aikacin banki ne da matarsa, malamar makaranta. Ta daɗe a can, duk yaransu a hannunta suka yi rarrafe. Wata safiya malamar ta zaunar da ita a falo, ta yi ta yabonta har yabon ya fara ba ta tsoro, sannan ta ce yara sun girma, ba sa son su ci gaba da wahalar da ita. Aka haɗa mata kaya, direba ya kai ta. Ƙaramin yaron ko yaye shi daga famfas ba a gama ba. Mai Goyo ta lura da haka, amma ta haɗiye.

Ta koma wurin autarta, wadda ke zaune da mijinta a saman wani dogon gini, ɗaki biyu da falo. Auta tana aiki a shagon sayar da magani, mijin kuma gyaran firji yake yi. Allah bai ba su haihuwa ba tukuna. Da safe su fita, Mai Goyo ta share gidan da ba shi da datti, ta wanke kofuna, ta zauna. Babu takalmin da za ta laluba a ƙarƙashin kujera, babu hancin da za ta share. Wani lokaci takan tsinci kanta a tsaye gaban taga tana jijjiga jiki hagu da dama kamar mai lallashin wani ya yi barci, alhali bayanta wayam.

Akwai kuma abin da ba a faɗa a gidan. Kunnenta na hagu ya daɗe da mutuwa, tun wani ciwo da ta yi. Da na dama take rayuwa, shi ma a 'yan shekarun nan ya fara rufewa a hankali, kamar ana turo ƙofa. Murya mai kauri takan shiga in an matso. Siririyar murya, ta mata da ta yara, ita ce ke ɓacewa. Ta koyi kallon baki. Ta koyi zama ta inda haske zai faɗa a fuskar mai magana, ta koyi cewa "to" da "haka ne" a inda ba ta gane ba. A ganinta babu wanda ya lura. Ranar da surukinta ya tambaye ta daga bakin ƙofa ko ta ga makullin babur ɗinsa, ta amsa masa da "amin, Allah ya tsare hanya," sai ya yi godiya ya ci gaba da neman abinsa.

Wata maƙwabciya ce ta kawo mata labarin cewa gidan renon yara da ke bayan gidan mai yana neman ma'aikaciya, kuma za a yi intabiyu. Mai Goyo ta ce za ta je. Auta ta ce ta huta, ai ta yi aikin da ya ishe ta. Mai Goyo ta ce hutun ne ke neman kashe ta. Suka ja maganar kwana da kwanaki, a ƙarshe Auta ta sauko.

Da safiyar ranar, Auta ta zauna a gabanta da waya a hannu, ta nemo irin tambayoyin da ake yi.

"To Inna, ki ɗauka ni ce shugabar wurin. Faɗa mana ko ke wace ce."

"Ke ba ki san ni ba? Ni ce na wanke miki kashi har kika yi wayo."

"Inna, don Allah. Haka za ki ce mata?"

"In ita ma na wanke mata, zan faɗa."

Auta ta yi dariya ta goge ido. "Me ya sa kike son aiki da yara?"

"Da wa zan yi? Da manya? Yaro in ya ƙi ka, a fuskarka zai ƙi ka. In ya so ka kuma ba ya jiran komai."

"Wannan ta yi. Ki faɗe ta haka." Ta gangara da yatsa a kan wayar, ta ɗan tsaya. "Mene ne rauninki?"

"Gwiwar hagu."

"Ba irin wannan ba. Wani abu da zai iya hana ki yin aikin yadda ya kamata."

"To ai shi ne. In na durƙusa sai na dafa bango nake tashi."

Auta ta dube ta, ta daɗe tana dubanta. Ta buɗe baki kamar za ta yi magana, sai ta miƙe ta nufi murhu. Tana can ta juya baya, Mai Goyo ta ga kafaɗunta suna motsi, alamar magana take yi.

"Me kika ce?"

Auta ta juyo. "Na ce shayi ya yi."

Gidan renon ƙaramin gini ne mai ruwan ɗorawa, an zana giwa da kifi a bangonsa. A bakin ƙofa akwai katako mai hawa-hawa cike da ƙananan takalma, wasu ba su kai tsawon yatsanta ba. Warin madara da sabulu da na fitsarin da aka goge ya tare ta tun daga nan, ta ji wani abu ya kwance a ƙirjinta. Ta daɗe ba ta shaƙi warin da ta sani ba.

A kan benci akwai 'yan mata suna jira, kowacce da takardun makaranta a cikin leda. Ɗaya ta matsa mata ta zauna. Mai Goyo ba ta da takarda sai wasiƙun shaida daga gidajen da ta yi aiki, ta naɗe su a jaka. Ta kafa ido a kan ƙofar ofis don kada a kira ta ba ta gani ba. Duk da haka, da lokacinta ya zo, sai da yarinyar da ke gefenta ta taɓa mata gwiwa.

"Mama, ke ake kira."

Mata biyu ne a ofis ɗin. Shugabar wurin mace ce mai tabarau, ba ta kai Mai Goyo shekaru ba amma ta manyanta, tana magana a fili, bakinta a buɗe. Wannan ya kwantar wa Mai Goyo da hankali. Ta biyun nas ce, siririya, ta rufe hanci da baki da takunkumi saboda mura. Da Mai Goyo ta ga takunkumin sai ta san ba za ta ga bakin nas ɗin ba. A sama fanka na gudu tana kaɗa takardun tebur.

Aka gaisa. Shugabar ta karanta wasiƙun, ta ɗaga kai.

"Mama, kin daɗe a wannan aiki."

"Ranki ya daɗe, ban san wani ba."

"Amma duk a gidaje kika yi. A nan yara da yawa ne a ɗaki ɗaya, kowa da halinsa. A ce yaro ya ciji ɗan'uwansa, me za ki yi?"

"Wanda aka ciza zan fara ɗauka, in duba wurin, in wanke. Mai cizon in zaunar da shi kusa da ni, ba duka, ba tsawa. In ya huce sai in leƙa bakinsa. Wani haƙori ne ke damunsa. Wani kuma an yi masa ƙani a gida, ba shi da bakin da zai faɗa sai ya yi da haƙori."

Shugabar ta gyaɗa kai ta rubuta wani abu. "In uwa ta zo ta yi miki faɗa a gaban mutane, alhali ba ki yi laifi ba?"

"Sai in bar ta ta gama. Uwar da ta bar ɗanta tun safe ta tafi aiki, ba da ni take faɗa ba. Gobe in ta zo zan faɗa mata abin da ya ci, da yadda ya yi barci. Za ta sauko."

"Yaron da ya ƙi cin abinci fa?"

"Ba na ɗura. In ci a gabansa in yi kamar ba na ganinsa. Ba a daɗewa yake miƙo hannu."

Shugabar ta yi murmushi, Mai Goyo ta ji kafaɗunta sun saki. Tambayoyin nan rayuwarta ce ake tambayarta, ba sai ta yi tunani ba.

"Me ya raba ki da gidan da kika bari?"

"Sun ce yara sun girma."

"Haka kawai?"

"Haka suka faɗa mini, ranki ya daɗe."

Sai nas ɗin ta gyara zama. Takunkumin ya motsa, ya shiga ya fita. Mai Goyo ta karkato kunnen dama. Abin da ya iso mata guntu-guntu ne, kamar magana a ƙarƙashin ruwa. Ta kama "yaro", ta kama "me za ki yi". Tsakiyar ta ɓace. Ta dubi idon nas ɗin, ido ba ya faɗin tambaya. Ta ce a ranta, nas ce, ai ba ta wuce zazzaɓi.

"Zan cire masa kaya masu nauyi, in goge masa jiki da ruwa mai ɗumi, ba mai sanyi ba. Ba zan ba shi magani da kaina ba, sai in kira ki, a kira uwarsa."

Matan biyu suka dubi juna. Kallon bai daɗe ba, amma Mai Goyo ta gan shi.

"Mama," in ji shugabar, "cewa ta yi in yaro ya ƙware da abinci, numfashi ya ƙi fita."

"Af. Fankar nan ce ta ɗauke mini maganar." Ta yi sauri ta ci gaba. "In jariri ne, zan kifa shi a kan hannuna, kansa ƙasa, in bubbuga tsakanin kafaɗunsa. Ba na sa yatsa ina lalube, sai in na ga abin da idona. Ina yi ina kiran a zo."

Amsar daidai ce, nas ɗin ma ta gyaɗa kai. Shugabar ta miƙa hannu ta kashe fankar. Takardu suka daina motsi. Mai Goyo ta bi fankar da kallo har ta tsaya cak, ta san an karɓe mata abin da take fakewa da shi.

Nas ɗin ta sake yin wata tambayar. Wannan karon Allah ya taimaka, ta nuna hannu tana kwatanta wanki, Mai Goyo ta gane maganar wanke hannu bayan canza famfas ce, ta amsa.

"Tambaya ta ƙarshe," in ji shugabar. "A ganinki mene ne zai fi ba ki wuya a aikin nan?"

Mai Goyo ta so ta faɗi gaskiya. Sai ta tuna falon Auta da rana tsaka, da bango, da agogo.

"Gwiwa, ranki ya daɗe. Amma tana tashi."

Shugabar ta yi dariya. "Mu duka muna fama. Zo mu shiga ɗakin ƙanana ki ɗan taɓa aiki mu gani."

Ɗakin na da faɗi, an shimfiɗa tabarmar roba mai laushi, gadajen jarirai a jere jikin bango, a ƙarshen ɗakin akwai durowa inda ake ajiye tawul. Wata matashiyar ma'aikaciya tana fama da wani jariri mai ƙiba, ya sandare jiki, fuska ta yi ja. Ta ce tun da uwarsa ta tafi bai yi shiru ba.

Mai Goyo ta wanke hannu ta karɓe shi. Nauyinsa na sauka a hannunta ta ji kamar an mayar mata da wata gaɓa da aka cire. Kukansa ba ta jin sa sosai, amma tana jin sa a ƙirjinta, yana girgiza ƙashi. Ta taɓa cikinsa, ya yi tauri. Ta ɗora shi a kafaɗa, ta tallabi ƙeya, ta shiga shafa bayansa daga ƙasa zuwa sama tana jijjigawa. Ba a jima ba ya yi gyatsa mai ƙarfi, ya tumbuɗo mata madara a kafaɗa, jikinsa ya saki. Ta juya ta fuskanci taga saboda haske kada ya dame shi ta gefe, ta fara yi masa 'yar waƙar da take yi wa kowane yaro, wadda ba ta da kalmomi. Hannunsa ya kama bakin ɗankwalinta ya riƙe. Idonsa ya fara lumshewa. Ta ce a ranta, na samu aikin nan.

Abin da ta fara gani shi ne inuwa a gilashin taga, wani ya wuce da gudu. Sannan matashiyar ma'aikaciyar ta goge kafaɗarta ta wuce. Mai Goyo ta juya.

A bayanta, kusa da har in ta miƙa hannu za ta taɓa, wata yarinya mai koyon tafiya tana tsaye jikin durowa. Ta tura durowar ta datse yatsunta a ciki. Bakinta a wangale, jijiyar wuya ta tashi, hawaye da majina sun haɗe a haɓa. Ba yanzu ta fara kukan ba, duk wanda ya san yara zai gane haka, ta riga ta kai inda numfashi ke ɗaukewa kafin ya dawo. Sauran yaran duk sun juyo suna kallo, wasu sun kama nasu kukan. Yanzu da Mai Goyo ke kallon bakin, sai ta fara jin wani siririn sauti daga nesa, kamar na sauro.

Ma'aikaciyar ta zare yatsun, nas ɗin ta karɓi yarinyar ta duba. Babu karaya, fata ce ta ɗan kuje. Aka kawo ruwan sanyi. Shugabar tana tsaye a bakin ƙofa inda ta fita amsa waya ta dawo da gudu. Ba yarinyar take kallo ba, Mai Goyo take kallo.

Mai Goyo ta kwantar da jaririn a gadonsa a hankali, ta zare ɗankwalinta daga hannunsa yatsa bayan yatsa. Bai farka ba.

A ofis, shugabar ba ta koma bayan tebur ba. Ta jawo kujera ta zauna gaba da gaba da ita, ta cire tabarau. Da ta fara magana, a hankali take yi, tana buɗe baki ga kowace kalma. Mai Goyo ta san irin wannan maganar. Haka Auta ke yi mata kullum, haka surukinta ke yi in ya tuna. Sai yanzu ta gane ko mece ce.

"Mama, yaushe kunnen ya fara?"

Ta so ta ce fanka, amma fanka a kashe take. Ta dubi hannuwanta. "Na hagu ya daɗe. Na dama ne ya biyo shi."

"Kin ga likita?" Nas ɗin ce, ta ja baya ta sauke takunkumin. Ashe yarinya ce ƙarama, mai wushirya.

"Na je ni kaɗai, ban faɗa wa kowa ba. Ya ce jijiyar ce ke mutuwa. Akwai abin da ake sawa a kunne, zai taimaka na ɗan lokaci, amma ba zai tsayar da shi ba. Abin kuma ba na masu irin ƙarfina ba ne."



"Ranki ya daɗe," in ji Mai Goyo, "ki sa ni a ɗakin da akwai wata. Ita ta ji, ni in ɗauka. Kin ga yadda yaron nan ya yi barci. Idona lafiya lau, zan zauna a lungu in fuskance su duka, ba zan ƙara juya baya ba."

"Na gani, Mama. Cikin duk waɗanda na gani yau babu mai hannunki." Shugabar ta numfasa. "Amma akwai lokacin da ɗaya za ta kai yaro bayi, ɗaya ta tafi haɗa madara, ke kaɗai ki rage. Kina canza wa wannan famfas, dole bayanki na wajen wancan. Yau yatsa ne. Iyayen nan in sun miƙo mini yaro a ƙofa, alkawari nake yi musu. Ba zan iya ba."

Da Mai Goyo ce a kujerar shugabar, abin da za ta faɗa ke nan, wannan ne ya fi ci mata rai.

"Akwai ɗakin wanki a baya," in ji shugabar. "Mai yi mana za ta tafi ƙarshen wata. Tawul ne, da zannuwan gado, da kayan da suka ɓata, da kwalaben madara. Ban ce ya dace da ke ba. Shi ne abin da nake da shi."

"Zan yi shawara."

Ta miƙe, ta dafa bango. A waje 'yan matan suna nan a kan benci. Wadda ta taɓa mata gwiwa ta ɗago da murmushi tana tambayar yadda aka yi. Mai Goyo ta ce, "Allah ya ba ki sa'a, 'yata," ta nemi takalminta.

Ba ta shiga mota ba, ta taka. Rana ta yi zafi, titi cike da ababen hawa, duk suna wucewa kamar an lulluɓe su da bargo. A wata mahaɗa wani mai babur ya ja birki dab da ƙafarta, ya juyo yana ɗaga hannu, bakinsa na aiki. Ta tsaya tana kallon bakin har ya gama, ta ce, "To." Ya girgiza kai ya wuce.

Auta ta dawo da wuri, ta same ta zaune a bakin gado, ba ta ko cire kayan fita ba, busasshen tumbuɗi a kafaɗarta.

"Inna, yaya aka yi?"

"Tun yaushe kika sani?"

Auta ta ajiye jaka. Ta zo ta durƙusa a gabanta, inda haske ke faɗa mata a fuska. "Ya daɗe."

"Malamar nan ba don yara sun girma ta sallame ni ba."

"A'a."

"Faɗa mini."

Auta ta ce, "Ƙaramin ne ya zame a banɗaki, haɓarsa ta fashe. Ya yi ta kiranki. Kina ɗakin da ke kusa kina guga. Mai gadi ne ya jiyo daga waje, ya kira babbar yarinyar ta shiga ta ɗauko shi. Malamar ta buga mini waya tana kuka, ta ce ba za ta iya faɗa miki ba, ta roƙe ni kada in faɗa."

Mai Goyo ta tuna ranar. Ta fito da kaya a goge ta tarar an tafi da shi asibiti, aka ce mata wajen wasa ya faɗi. Ta tuna ɗinkin da ke haɓarsa, da yadda ta yi ta yi wa yayyensa faɗa cewa ba sa kula da shi. Ta tuna kuma yadda yaron ya yi kwanaki yana kallonta wani iri, in ta miƙa hannu sai ya noƙe kafaɗa. A lokacin ta ɗauka zafin ciwo ne.

"Sunana yake kira?"

"Inna, ki bar shi."

"Tambayarki nake."

"Eh."

Ta gyaɗa kai a hankali. Ba ta yi kuka ba. Auta ce ta yi, ta kifa kai a kan gwiwar uwar.

"Me ya sa kika bar ni na je yau?"

Auta ta ɗago don uwar ta ga bakinta. "Na ga yadda kika goge kayan nan jiya. Na kasa."

Da wata ya ƙare Mai Goyo ta koma gidan renon, ta ƙofar baya. Ɗakin wankin ƙarami ne, injin wanki guda, baho, igiyoyin shanya a tsakar gida, da babbar tukunya ta dafa kwalabe. Babu wanda ya hana ta shiga ɗakin yara, amma babu wanda ya kira ta, ita ma ba ta neman hanya. Ma'aikatan suna gaishe ta da girmamawa, su ajiye kwandon kaya su koma. Yarinyar da ta taɓa mata gwiwa a benci ita aka ɗauka, yarinyar kirki ce, takan kawo mata ruwan sanyi.

Ta san yaran ta kayansu. Ta san wanda ke fitar da haƙori saboda wuyan rigarsa kullum a jiƙe, ta san wadda cikinta ya lalace tun kafin nas ta sani, ta san wanda uwarsa ke shirya shi a gurguje saboda safarsa ba ta taɓa zama iri ɗaya ba. Fuskokinsu ne ba ta sani ba. In yaro ya bar wurin, sai dai ta ga wata 'yar riga ta daina zuwa.

Damina ta shigo, shanya ta koma ƙarƙashin rumfa. Wata safiya ta zuba kaya a inji, ta sa sabulu, ta danna, ta juya tana jera kwalabe. Can ta tsaya, ba ta jin ƙarar injin. Ta ɗauka wuta aka ɗauke, ta dubi ƙwan fitila, yana ci. Ta matsa ta ɗora tafin hannu a kan injin. Yana aiki, yana rawa a ƙarƙashin hannunta kamar kullum.

Ta daɗe a tsaye a haka. Sannan ta ɗauke hannun, ta jawo kwando na gaba, ta fara ware farare daga masu launi.